Ranar da Kamron Ya Shayar da Kekuna Ruwan Albarka

Ni bakanike ne, sunana Sanit. Shekara ashirin da biyu ina gyaran babura a bakin titin da ya tashi daga Pak Chong ya hau duwatsu, kuma a duk shekarun nan ban taɓa kwance inji a gaban mijin ƙanwata Kamron ba tare da ya gaya mini ya fi ni sanin cikinsa ba. Mutum ne da ya yi kiwon kwaɗi suka watse cikin unguwa. Ya buɗe ajin koyar da Turanci da kalma goma sha ɗaya a bakinsa. Da komai ya ƙi, ya koma acaba, a can ma fasinja ba ya sauka sai ya ji tarihin yadda Kamron ya kusa zama matuƙin jirgin sama.

Wata safiya gab da lokacin tsinkar inabi, sai ga shi a ƙofar shagona a ƙasa, yana washe baki.

"Yaya Sanit, zamanin fetur ya wuce. Ka fara neman wata sana'ar."

"Ina babur ɗinka?"

"Na mayar da shi shida."

Ashe wani otal ne ya rufe, ya yi gwanjon tsofaffin kekunan lantarki guda shida, Kamron ya sayar da babur ɗin da yake ci da shi ya kwaso su. Dabarar ita ce ya riƙa ɗauko 'yan Bangkok ya ɗora su a kan kekunan, su yini suna zaga gonakin inabi, su ɗanɗana giyar wannan gona su ɗanɗana ta waccan, su ƙare a gonar Madam Anong ranar bikin tsinka, inda manyan baƙi suke taruwa.

"Madam Anong?" na ce. "Wadda ta ce in ta sake ganin ƙafarka a gonarta za ta sakar maka karnuka?"

"Wannan tsohon zance ne."

Tsohon zancen bara ya faru. Kamron ya ce mata shi ya san maganin tsuntsayen da ke cin inabinta, ya harba rokar gora irin ta bikin roƙon ruwa, ya ƙone mata ragar da ta rufe layin inabi huɗu. Tsuntsayen ko gezau.

Abin da ya sa raina ya ɓaci shi ne ƙanwata Lamyai. Shekara goma sha huɗu tana da rumfa a ƙofar gonar Madam Anong, a gindin tsamiya, tana gasa kaza, tana daka kwaɗon ɗanyar gwanda, ga shinkafa mai danƙo. Filin na Madam ne, alheri ne kawai ya zaunar da ita a wurin. Da babur ya tafi, rumfar nan ce kaɗai ta rage tana ciyar da gidan. Amma haka Lamyai ta wanke hannu, ta ɗauki kaza biyu, ta je ta roƙi Madam ta bar mijinta ya shigo da baƙinsa.

Madam ta dube ta. "Lamyai, ke kika tsaya masa?"

"Ni ce, Madam."

"To ki ji da kyau. In ya ba ni kunya a gaban baƙina, ba shi zan kora ba, shi na riga na kore shi. Rumfarki ce za ta tashi."

Da na ji, na same ta ina huci. "Ke kanki ɗaya kuwa? Abincin 'ya'yanki kika ɗora a kan bakin Kamron?"

"Yaya, in bai yi wannan ba, zama zai yi a rumfata yana koya wa masu saye yadda ake cin kaza." Ta juya kazar da ke kan wuta, ta rage murya. "Kuma ba ka ga idonsa ba. Tun da muka yi aure ban ga ya so abu haka ba. Kai dai ka bi su a baya da a-kori-kurarka, don girman mahaifiyarmu."

Ban iya ce mata a'a ba. Ban taɓa iyawa ba.

Ranar biki da sassafe muka kai kekunan haikali, don ba wanda zai hau sabon abin hawa a garin nan ba a sa masa albarka ba. Luang Ta, tsohon malamin haikalinmu, ya fito yana jan ƙafa, ya ɗiga wa kowane keke farar ƙasa a goshi, ya yi addu'arsa, ya tsoma ɗan damin tsinke a tasar azurfa ya yayyafa musu ruwa ɗis-ɗis.

Kamron ya haɗa tafin hannu ya durƙusa. "Ranka ya daɗe, shi ke nan?"

"Shi ke nan."

"Ai na ga babur ɗin Tawin ɗan acaba an yayyafa masa sau uku. Nawa kuwa shida ne, kuma na ƙasar waje."

"Kamron, albarka muke sa wa, ba wanki muke yi ba," in ji Luang Ta, ya juya ya shige karɓar sadakar safe.

Yana ɓacewa Kamron ya waiga hagu ya waiga dama, ya sungumi tasar. Kafin in gane abin da yake nufi ya cire batirin keken farko, ya kwarara ruwa a ramin, ya mayar ya danna.

"Kai! Lantarki ne fa a ciki!"

"Shi ya sa. Can ne zuciyar keken. Me amfanin albarka a kan fenti?"

"Ruwa kake zubawa a wayoyi, Kamron!"

"Wannan ba ruwa ba ne, Yaya. Matsalarka ke nan, kai ƙarfe kawai ka sani."

Na kama hannunsa ya fizge, na tare nan ya zaga can. Ya shayar da biyar. Yana kan nasa, na shida, motar baƙi ta danna ham a bakin haikali, sai ya yi sauri ya juye sauran a gorar roba ya cusa a aljihu, wai na hanya.

Baƙi biyar ne. Akwai Dakta Wirot, likitan haƙori mai tumbi, ya matse cikin kayan tseren keke har ana jin tausayin ɗinkin, sai matarsa da ta rufe fuska ruf don rana, ido kawai ake gani. Akwai Malama Supin, tsohuwar shugabar makaranta, da ƙanwarta wadda ba ta magana sai yayar ta ba ta izini. Na biyar wani dogon Bature ne mai suna Hartmut, wanda ya auri 'yar garin Korat, ya iya yarenmu kaɗan-kaɗan.

Kamron ya tarbe su cikin tsohuwar rigarsa ta acaba, ya goge lambar ya rubuta BABBAN JAGORA. Ga usur a wuya, ga tuta a bayan keke, ga kular ƙanƙara ya ɗaure a kariya.

"Manyan baƙi, kun yi sa'a. Ni da kuke gani, inabin kwarin nan duk ya san muryata. Kekunan nan kuwa, ba ku za ku tuƙa su ba, su za su tuƙa ku."

Gaskiya ɗaya da ya faɗa a ranar ke nan, shi ma bai sani ba.

Kilomita uku na farko sumul. Ina biye da su a a-kori-kura, iska mai sanyi tana saukowa daga dutse, matar Dakta tana ɗaukar hoto da hannu ɗaya, Bature yana waƙa. Har na fara zargin shekaruna ashirin da biyu. Na ce a raina, to ko dai ruwan nan da gaske ba ruwa ba ne?

Sai keken Malama Supin ya fara ham. Ba ta taɓa komai ba, shi dai ya buɗe baki, kuma bai rufe ba. Karnukan ƙauye biyu suka fito suka rufa musu baya. Mata suka leƙo daga shaguna.

"Jagora!" Malama ta ƙwala masa kira. "Kashe mini wannan abin!"

"Malama, ke ce babba a cikinmu, shi ya sa na ba ki mai jiniya."

"Shekara talatin ina hana yara ihu, yau zan hau ihu in zauna?"

Na sauko na tsinke wayar ham ɗin da fulaya. Kamron ya gaya wa baƙi cewa ni yaronsa ne, yana koya mini aiki. Na haɗiye, don Lamyai.

Zangon farko wata ƙaramar gona ce ta wani saurayi mai suna Thiti, wanda ya yi shekara biyar a Faransa yana koyon haɗa giya, ya dawo da gemu da saurin fushi. Ya jera kofuna masu dogon wuya a kan tebur a ƙarƙashin rumfar inabi, ya zuba wa kowa ja kaɗan a gindi, yana bayani a hankali: a juya kofin, a sunsuna, a kurɓa, a tofar a bokitin da ke gefe, tunda akwai sauran tafiya a kan keke. Dakta Wirot ya lumshe ido, ya cusa hanci a kofi, ka ga mutumin da ya zo inda ya daɗe yana mafarki.

"Wannan shekara nawa ta yi a ganga?" ya tambaya.

Thiti ya juya ya ɗauko kwalbar ya nuna masa. Juyawar nan ita ce kuskurensa. Kamron ya buɗe kularsa, ya bi kofuna ɗaya bayan ɗaya, ƙwal, ƙwal, ƙwal, ƙanƙara bibbiyu, ya bi da ruwan soda har baki, kamar yadda muke yi wa wiski a wurin biki.

Dakta ya buɗe ido ya ga kofinsa yana kumfa. "Me ka yi?"

"Na gyara. Yaron nan rowa gare shi, dubi ɗan abin da ya zuba muku, kuma da ɗumi. Baƙina ba sa shan abu da ɗumi."

"Shekara uku!" Thiti ya ce. "Shekara uku ina renon gangar nan!"

"To ai ga shi na ninka maka ita cikin minti ɗaya." Kamron ya ɗauki kofi, ya juya shi har ya fallatsa wa ƙanwar Malama a riga, ya sunsuna da ƙarfi, ya kalli sama. "Hmm. Ina jin ƙanshin wani abu a can ƙasa-ƙasa."

"Na mene ne?" in ji Dakta, cikin haushi.

"Inabi."

Bature ne kaɗai ya shanye nasa, don kunya. Thiti bai yi ihu ba, nuna mana ƙofa kawai ya yi da kwalbar. A bakin hanya Kamron ya ce wa baƙi kada su damu, hassada ce, duk masu gonakin nan tsoron harshensa suke yi.

Daga nan hanya ta miƙe ta fara hawan tudun da ke raba mu da gonar Madam Anong, kilomita biyu cur ba inuwa. A nan albarka ta fara aiki gadan-gadan. Keken Malama da na ƙanwarta suka mutu murus. Na matar Dakta ya riƙa nuna lambobi yana kashe ido, sannan ya bi sahu. Na Dakta kuwa ya ƙi mutuwa ya ƙi rayuwa: ya zabura da shi taku biyar, ya tsaya cak, Dakta ya sauke ƙafa, ya sake zabura. Haka ya hau rabin tudun yana kiran sunan uwarsa. Na Bature ya fara fitar da wani siririn hayaƙi daga ƙarƙashin sirdi.

"Jagora," in ji Hartmut da ladabi, "gindi na, zafi. Daidai ne?"

"Daidai ne. Na musamman ne, don masu ciwon baya."

Duk wanda ya taɓa tura keken lantarki da ya mutu ya san nauyin buhun siminti ne da shi. Rana ta take. Kamron, wanda nasa keken lafiya lau yake, ya riƙa hawa yana saukowa yana busa musu usur.

"Wannan shi ne sashen motsa jini! Yana cikin tsari, ba ƙarin kuɗi!"

"In na kama ka," in ji Malama Supin tana haki, "sai ka rubuta 'ba zan ƙara ba' sau dubu."

Na tsaya na buɗe bayan mota. Ba wanda ya jira a ce masa hau. Muka loda kekuna biyar, mutum biyar suka zauna a kansu da gefensu, Kamron yana cewa wannan ma yana cikin tsari, sunansa sashen kallon gari daga sama.

A kan tudun akwai shagon taliyar Inna Buaphan, inda 'yan acaba suke fakewa da rana. Tsofaffin abokan aikin Kamron ne, suna nan su takwas a kan benci. Da suka hango tuta da usur, sannan suka ga a-kori-kura cike da 'yan Bangkok jage-jage da gumi, sai benci ya kusa karyewa.

"Babban Jagora!" Tawin ya ɗaga murya. "Wannan yawon keke ne ko kwasar marasa lafiya?"

"Zamanin fetur ya wuce!" wani ya ce, yana buga tankin babur ɗinsa. "Yaya Sanit, da me motarka take tafiya, da addu'a?"

Kamron ya sha mur. "Kekunan hutawa suke yi. Na ƙasar waje ba kamar jakunanku ba ne, suna da lokacin hutu."

Dakta Wirot ya sauko da ƙyar ya zo wurina. "Malam, kai ne bakaniken ko? Gaya mini gaskiya, me ya same su?"

Na so in rufa masa asiri, na rantse. Amma kalmar "yaronsa" tana nan tana ci mini rai tun safe. Na cire batirin keken Dakta, na karkata keken. Ruwa ya zubo shaa a kan takalmin Dakta, har da ɗan furen da ke cikin tasar Luang Ta.

Inna Buaphan ta fito da ludayi a hannu, ta duba furen, ta dubi Kamron.

"Ɗan nan, ruwan haikali ka ɗura musu?"

Ai sai wuri ya ɓarke. Tawin ya faɗo daga benci. Wani yana dukan tebur yana cewa a taimake shi zai mutu. Bature yana tambayar kowa me aka ce, da aka fassara masa shi ma ya zauna a ƙasa.

Da Kamron ya yi shiru a nan, da an yi dariya an gama, mu loda shi mu sauka lafiya, a ce kekuna sun lalace. Amma Kamron bai san inda ake ajiye shiru ba. Ya hau kan dakalin shagon.

"Jahilci! Ruwan albarka bai taɓa ɓata komai ba. Kekunan can laifin mahayansu ne, ba su da imani. Ku dubi nawa!"

"Naka ai ba ka zuba masa ba," na ce. "Ina wurin."

"Haka ka ce?"

Ya zaro gorar daga aljihu ya ɗaga ta sama kowa ya gani. Na ce, "Kamron, tuna da Lamyai." Bai ji ba, ko ya ji ya yi kamar bai ji ba. Ya cire batir, ya juye gorar tas har yana girgiza ta, ya mayar, ya haye, ya gyara tuta.

"Ku buɗe ido ku ga aikin imani."

Ya taɓa feda. Keken ya yi wani kuka da ban taɓa jin inji ya yi ba, ya ɗaga ƙafar gaba, ya fizge shi ya nufi gangara.

"Birki!" na yi ihu. "Kama birki!"

"Na kama!" Muryarsa ta zo daga nesa. "Shi ne bai kama ni ba!"

Muka afka cikin mota. 'Yan acaba takwas suka tayar da babura suka biyo mu, Inna Buaphan a bayan Tawin da ludayinta. Daga kan tudun zuwa ƙofar Madam Anong gangara ce miƙaƙƙiya. Kular ƙanƙara ta buɗe tana ta zubar da ƙanƙara a titi, tuta tana kaɗawa, usur yana bakinsa, duk numfashin da ya ja sai ya busa. Malama Supin ta miƙe tsaye a bayan mota ta riƙe ƙarfe tana cewa, "Ƙara wuta, direba, ina so in gani da idona!"

Lamyai tana fifita gawayi ta ji usur. Ta ɗago da murmushi, don ta zaci isowar girma ce. Mijinta ya wuce ta kamar an harbo shi, ya shige ƙofar gona, ya bi ta tsakanin teburan baƙi, ya kwashi ragar tsuntsaye ta naɗe shi har kai, ya ture kwandunan inabi da aka jera don hoto.

A tsakiyar fili an kafa babban baho na katako cike da inabi, irin wanda ake shiga ba takalmi ana tattakawa ranar biki. Madam Anong tana ciki cikin fararen kaya, ta tattare zani, tana riƙe da hannun matar wani babban jami'i, masu hoto sun kewaye su. Tayar gaba ta daki bahon. Keken ya tsaya. Kamron bai tsaya ba.

Da muka iso, makaɗa sun daina kiɗa. Matar jami'in tana zaune dirshan cikin inabi. Madam Anong tana tsaye, daga gashinta har gwiwa ta yi jajawur, ɓawon inabi a girarta. Can sai ga kan Kamron ya ɓullo a tsakaninsu, cikin raga, usur a baki. Ya ja numfashi, usur ya yi ɗan ƙara.

Wasu sun yi dariya. Ni ban yi ba, domin na ga inda Madam take kallo. Ko sau ɗaya ba ta dubi Kamron ba. Ta fita daga bahon, ta taka ba takalmi ta nufi ƙofa, jama'a suna buɗa mata hanya, mu duka muna biye.

Lamyai ba ta jira a gaya mata ba. Kafin Madam ta iso ta riga ta kwance gyalen aikinta, ta sauke kajin, ta ɗauki bokiti ta kwara wa gawayin ruwa. Hayaƙi ya tashi. Shekara goma sha huɗu ban taɓa ganin wutar nan a mace da rana ba. Ta haɗa tafin hannu ta sunkuyar da kai.

"Na ji sharaɗi, na kuma yarda, Madam. Zuwa yamma zan kwashe."

Sai ga Kamron ya ratso mutane yana ɗiga, yana jan raga a ƙafa. Kowa ya gyara tsayuwa a ji ƙaryar da zai yanko. Ya dubi gawayin, ya dubi matarsa. Ya zube a kan gwiwa a gaban Madam.

"Ni na zuba ruwan. Yaya Sanit ya hana ni, Luang Ta ma bai sani ba. Ita kuwa ba ta yi komai ba sai yarda da ni. Ki sa a ɗaure ni, ki sakar mini karnukan. Ki bar mata wutarta."

Madam ta cire ɓawon inabi daga girarta ta duba shi. "Karnukana ba su yi mini laifin komai ba."

"To ki sa ni kowane aiki."

"Aiki ba ya yi maka wuya, Kamron, na sani. Bakinka ne ba ya gajiya." Ta yar da ɓawon. "Saura kwana ashirin da ɗaya a gama tsinka. Za ka ɗauki kwando daga fitowar rana zuwa faɗuwarta, a gona da gida da hanya, ba tare da ka furta kalma ɗaya ba. Ɗaya tak in ta kai kunnena, kuma za ta kai, rumfa ta tashi. Ka iya?"

Kamron ya buɗe baki zai ce ba wanda ya kai shi iyawa. Lamyai ta zuba masa ido. Ya rufe bakin, ya gyaɗa kai.

Garin nan bai taɓa samun abin wasa irin wannan ba. 'Yan acaba suka mayar da bakin gonar tasharsu. Tawin yakan tsaya kusa da shi ya ce da ƙarfi, "Ni fa na ji an ce Kamron bai taɓa shiga jirgin sama ba, ko na fasinja." Sai ka ga wuyan Kamron ya kumbura, jijiyoyi sun tashi, ya sungumi kwando ya yi gaba. Thiti mai gemu ya zo takanas ya tsaya a gabansa yana bayanin giya na rabin awa. Ni ma, ba zan ɓoye ba, na kwance keken nasa a gabansa, na riƙa kiran kowane ƙarfe da sunan da ba nasa ba. Ya ciji hularsa har ta yage, bai tanka ba.

A kwana na goma sha biyu kwando ya faɗo masa a ɗan yatsan ƙafa, farcen ya fita. Ina wurin. Ya zauna a ƙasa ya riƙe ƙafar, hawaye yana zuba, bakinsa a rufe gam. Daga ranar na daina tsokanarsa, na kuma ce wa Tawin duk wanda ya ƙara, ya nemi wani bakaniken.

Ranar ƙarshe da yamma rabin gari ya taru a gindin tsamiya. Inna Buaphan ta rufe shago ta zo. Aka sauke kwandon ƙarshe, Madam Anong ta fito ta dubi rana, ta dubi agogonta.

"An gama. Lamyai, rumfa taki ce. Kai kuma, buɗe bakinka."

Kamron ya rame, ya yi baƙi. Ya taka a hankali har gaban matarsa, ya yi gyaran murya sau biyu, muryar ta fito a shaƙe.

"Lamyai, ki yi haƙuri."

Ƙanwata ta juya baya tana goge ido da gefen hannu, wai hayaƙi ne. Ta yago cinyar kaza ta miƙa masa. Ya karɓa, ya ci, ya haɗiye. Sannan ya juyo ya dube mu ɗaya bayan ɗaya, kafaɗarsa tana tashi.

"Amma ku faɗi gaskiya," ya ce. "Duk lardin nan, akwai wanda ya kai ni iya shiru?"